Waziri Junaidu: Malamin da ya tsinto tarihin Sakkwato ya ɗinke shi

Duk ranar Juma'a idan an sauko daga masallaci a nan Mpape, nakan tsaya wajen masu baje littattafai a kan tabarma. Ga Ahalari, ga Ishmawi, ga Risala da Arba'una Hadisi, wasu ƙurar fasa dutse ta yi musu fari fat. Wanda ban taɓa cin karo da shi ba shi ne *Tarihin Fulani* na Wazirin Sakkwato Alhaji Junaidu. Alhali cikin masu wucewa akwai Sakkwatawa da Zamfarawa da Kabawa da neman halali ya kawo Abuja, kuma labarin kakanninsu ne a cikin littafin.

An haifi Junaidu a Sakkwato a 1906, shekara uku bayan Turawa sun ci garin. Mahaifinsa shi ne Waziri Muhammadu Buhari, wanda nauyi mafi girma ya faɗo wa a watan Maris na 1903. Sarkin Musulmi Attahiru ya yi hijira gabas har ya yi shahada a Burmi, shi kuwa Buhari ya dawo ya zauna da jama'ar da ba ta iya tafiya ba, daga baya ya rubuta wa malamai risala yana bayyana hujjarsa ta shari'a kan zama ƙarƙashin Turawa. Ya rasu a 1910, Junaidu yana ɗan ƙarami.

Gidan da ya tashi a ciki gidan alƙalami ne tun asali. Kakansu Gidado ɗan Laima shi ne Wazirin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, shi ne mijin Nana Asma'u 'yar Shehu, shi ne kuma mai *Raudul Jinan* a kan rayuwar Shehu Usmanu. A hannunsa aka sauke Baturen nan Clapperton da ya zo Sakkwato a 1824. Waziri shi ne ƙofar manyan masarautun gabas irin su Kano da Zazzau da Adamawa, saboda haka wasiƙun sarakuna ta gidansa suke shiga, ta nan amsa take fita. Shekara da shekaru takardun suna taruwa, ganye-ganye ba ɗinki, da baƙar tawada da ja, an naɗe su cikin gafaka. Wannan shi ne gadon da Junaidu ya tarar, kuma kyan ɗa ya gaji ubansa.

Karatunsa na zaure ne, gaban malaman Sakkwato, daga allo zuwa fiƙihu da nahawu da luga da adabi. A shekarun 1930 ya koyar a Midil ta Sakkwato, daga baya kuma ya yi aikin horar da alƙalai. A 1948 aka naɗa shi Waziri bayan ɗan'uwansa Abbas, zamanin Sarkin Musulmi Abubakar na Uku. Ya riƙe rawanin kusan shekara hamsin, ya ga mulkin Turawa, ya ga zamanin Sardauna, ya ga na soja, ya yi wa Sarakunan Musulmi uku wazirci: Abubakar, da Ibrahim Dasuƙi, da Muhammadu Macciɗo.

Sarauta ba ta raba shi da tawada ba. Babban littafinsa na tarihi da Larabci shi ne *Dabɗul Multaƙaɗat*, kuma sunan kaɗai ya isa ya nuna yadda yake aiki, domin ma'anarsa tattara tsintattun labarai da suka warwatsu cikin littattafai. Ya bi abin da Abdullahi na Gwandu da Bello da Gidado suka rubuta, ya haɗa da wasiƙun gidansu da abin da ya ji daga bakin dattawa, ya jera zamanin kowane Sarkin Musulmi a muhallinsa. Da aka buga *Tarihin Fulani* da Hausa a Zariya cikin shekarun 1950, wanda bai iya Larabci ba ma ya sami hanyar karanta tarihin daular Sakkwato daga bakin 'yan gida. A lokacin kuwa abin da ɗan makarantar boko ya fi samu shi ne abin da Razdan da Di'o suka rubuta. Bayan wannan ya yi *Arfur Raihan* a kan 'ya'yan Shehu, ya yi littafi a kan nahawun Fulatanci, ya bar diwanin waƙoƙin Larabci da labaran tafiye-tafiyensa, har da ta Agadas.

Abin da ya fi ɗaukaka shi a wurina shi ne bai kulle taskar ba. A farkon shekarun 1960 wani saurayi ɗan Ingila, Murray Last, ɗalibin Farfesa Abdullahi Smith a Jami'ar Ibadan, ya zo Sakkwato neman tarihi. Waziri ya karɓe shi kamar almajiri, ya buɗe masa takardun gidan, yana warware masa abin da ya shige masa duhu. Daga nan littafin *The Sokoto Caliphate* ya fito a 1967, wanda har gobe duk mai nazarin daular sai ya bi ta kansa. Haka ya yi wa Baturiya Jean Boyd da ta dukufa a kan Nana Asma'u. Da yawa daga rubuce-rubucen Nana da aka tattara aka buga a 1997, waɗanda ake karantawa yau a jami'o'in Amurka da Ingila, daga ajiyar gidan Waziri suka fito. Da wani malamin ne, da ya ƙanƙame takardun, ya ce sirrin gida ne, har gara ta gama da su.

Sai dai buɗe ƙofa ga baƙo bai sa ya saki nasa ba. Da Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa na dakta a 1971, jawabin da ya yi ya zama abin tunawa. Ya nuna wa manyan 'yan boko cewa jami'ar tasu dashe ce da saiwarta take wata ƙasa, ya tuna musu cewa wannan ƙasa tana da nata malaman da nata tsarin ilimin tun kafin zuwan Bature, ya kira su da su san al'ummar da suke yi wa aiki. Mutumin da bai zauna ajin jami'a ba shi ya yi wa jami'a nasiha, kuma ta saurara.

Allah Ya yi masa rasuwa a watan Janairun 1997, yana da shekara casa'in da ɗoriya. Hukumar adana tarihi da al'adu ta Jihar Sakkwato sunansa take ɗauke da shi, masu bincike na zuwa can daga nesa. Amma akasarin abin da ya rubuta yana nan cikin Larabci, ba a mayar da shi Hausa ba, wanda ke cikin Hausar kuma ya yi wuyar samu.

Kirana ga Majalisar Sarkin Musulmi, da Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, da masu hannu da shuni shi ne a sake buga *Tarihin Fulani* a farashin da talaka zai iya, a fassara sauran, a ɗauki hoton takardun a adana a kwamfuta tun gara da damina ba su riga mu ba. Waziri ya sauke nasa nauyin. Namu shi ne littafinsa ya iso har tabarmar mai sayar da littattafai a Mpape. Allah Ya jiƙan Waziri Junaidu, Ya sa Aljanna ce makomarsa.