Mashaya

mashaya *suna, mace.* 1. Wurin da dabbobi ke shan ruwa: bakin rafi, tabki, ko komin da ke gefen rijiya. 2. *Mashaya mai cika kanta:* kwano ko komi da aka haɗa da bututun famfo. A cikinta akwai ƙwallon roba da ke yawo a kan ruwa; ruwa ya ragu, ƙwallon ya sauka ya buɗe bututu, ruwa ya cika, ƙwallon ya taso ya toshe.

Masu kiwata ragunan layya a tsakar gidajen Williamsville, cikin Adjamé, da na Treichville a Abijan, suna cikin masu buƙatar mashaya mai cika kanta. Matsalar ita ce ruwan famfo na kamfanin SODECI yakan ɗauke, don haka mashayar da ke sha daga tanki ko duro a sama ta fi dacewa. Danshin birnin na saurin sa ƙarfe tsatsa. Roba mai kauri ta fi ƙarko. Mai saye ya duba ko tana da matoshi a ƙasa, domin gansakuka ba ta jimawa take kama ta.

Ta kaji tana da kan nono da suke tsattsaga. Akwai ta kyanwa ko kare mai aiki da lantarki.