Ogawa Shinsuke da Tarihin Ɗaukar Rayuwar Manoman Japan a Fim

Gabatarwa

Masu iya magana kan ce, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Wannan maƙala za ta yi waiwaye a kan Ogawa Shinsuke, mai shirya finafinan adana tarihi a Japan, wanda ya yi imani cewa ba a sanin ƙauye sai an zauna cikinsa.

Rikicin Sanrizuka

A shekarar 1966 gwamnatin Japan ta yanke shawarar gina filin jirgin sama na Narita a yankin Sanrizuka ba tare da shawartar manoman wurin ba. Manoma suka yi tsayin daka don kare gonakinsu. Ogawa da abokan aikinsa suka tare a yankin, suka tsayar da na'urar ɗaukar hoto a ɓangaren manoma, tana fuskantar 'yan sandan kwantar da tarzoma. Daga 1968 zuwa 1977 sun fitar da finafinai 7. A farko arangama suka fi ɗauka, amma a fim ɗin ƙauyen Heta na 1973 hankalinsu ya koma kan taron gari da maƙabarta da hirar tsofaffi. Duk da wannan gwagwarmaya, an buɗe filin jirgin a 1978.

Zaman Magino

A tsakiyar shekarun 1970 ƙungiyar ta yi ƙaura zuwa ƙauyen Magino a lardin Yamagata. Can suka koyi noman shinkafa da hannunsu, suna auna ruwa da ƙasa, har suka ɗauki hoton furen shinkafa lokacin buɗewarsa. Da sanyi ya lalata amfanin gona a 1980, sai suka nufi Furuyashiki, wani ƙauyen kan tudu mai gidaje 8 kacal. Suka ƙera siffar tuddan yankin, suka sako hayaƙi mai sanyi a kanta don nuna yadda iska ke gangarowa ta hana shinkafa yin ƙwaya. Daga nan suka saurari tsofaffi game da sana'ar gawayi da kiwon tsutsar siliki da wahalar Yaƙin Duniya na Biyu. Fim ɗin ya fito a 1982, tsawonsa awa 3 da rabi, ya kuma sami lambar yabo ta masu sharhi a Berlin a 1984. A fim ɗin Magino na 1986, mutanen ƙauyen da kansu suka fito a matsayin kakanninsu, suka kwaikwayi wani boren manoma na da.

Kammalawa

Wannan tafarki bai zo da sauƙi ba, domin ma'aikatan sun yi shekaru ba albashi, ƙungiyar kuma ta ƙare da bashi mai yawa. Ogawa ya taimaka wajen kafa bikin finafinan adana tarihi na Yamagata a 1989, ya rasu a 1992. Matasa sun watse zuwa birane, gidajen Furuyashiki sun zama kufai, amma muryoyin tsofaffin da suka rayu a cikinsu suna nan a adane.