Rawani da Lasin: Tarihin Ikon Ɗaurin Aure a Kudancin Ƙasar Kano

Wanda ya bar birnin Kano ya yi kudu, ya bi ta Bebeji da Kiru, ya wuce Tudun Wada, ya ratsa dajin Falgore har ya kai duwatsun Riruwai a ƙasar Doguwa, zai tarar da Hausawa iri biyu suna zaune kusa da juna. Mafi yawansu Musulmi ne. Amma a ƙauyuka da unguwannin daji akwai zuriyar Maguzawa, waɗanda da yawa daga cikinsu suka musulunta, waɗansu kuwa suka zama Kirista. Dukansu da Hausa su ke magana, dukansu kuma “ɗaurin aure” su ke cewa. Wannan ya sa ɗalibai, har ma da waɗansu malamansu, su kan ɗauka limami da fasto aiki ɗaya su ke yi a ranar aure, watau kowannensu an naɗa shi ne an ba shi ikon haɗa mace da namiji. Tarihi bai goyi bayan wannan zato ba. Ikon ɗaurin aure a wajen Musulmi ba a rawanin limami ya ke ba, a Dokar Gwamnati kuwa naɗin fasto shi kaɗai bai isa ba.

Naɗin limami tsohon abu ne a ƙasar Kano. Littafin Tarihin Kano ya ce a zamanin Sarki Yaji (1349–1385) Wangarawa suka zo daga Mali da addinin Musulunci, Sarki ya karɓe su, ya raba musu ayyuka: Gurdumus ya zama limaminsa, Lawal ladan, Auta mai yanka, Mandawari limamin Wangarawa da manyan gari, Zaite kuwa alƙali. Akwai wata ruwaya ta Wangarawa da kansu wadda ta kawo zuwan nasu zamanin Muhammadu Rumfa (1463–1499). Ko wacce aka ɗauka, abin lura ɗaya ne: an naɗa mai jan salla, da mai kiranta, da mai yanka, da mai shari'a, amma ba a naɗa mai ɗaurin aure ba.

Ba mantuwa aka yi ba. Mazhabar Malikiyya, wadda ƙasar Hausa ta ke bi, ba ta san wannan muƙami ba. Abin da Risala ta Ibn Abi Zaidin Alƙairawani da Muhtasar na Halilu suka shimfiɗa shi ne aure ya kan tabbata da waliyyi, da sadaki wanda bai gaza rubu'in dinari ba, da sigar nema da bayarwa, da shaidu biyu adilai. Waliyyi shi ne uba, ko wanda uban ya yi wa wasiyya, ko na kusa daga dangin uba bisa jerin da littattafai suka tsara. In mace ba ta da kowa, sai alƙali ya tsaya mata a madadin Sarki. Huɗuba da addu'a mustahabbi ne, aure ba ya ɓaci don rashinsu. Saboda haka a zauren wani dattijo a Kiru, in wakilin ango ya nema, waliyyin amarya ya bayar bisa sadaki kaza, lakadan ko ajalan, jama'a suka ji suka shaida, to, aure ya ɗauru tun limami bai ɗaga hannu ya yi Fatiha ba.

To, me ya sa ba a ɗaurin aure sai an kira liman? Domin shi ne ya san hukunci. Shi zai tambaya ko bazawara ta gama idda, ko akwai shayarwa tsakanin ango da amarya, ko wanda ya zauna a gurbin waliyyi shi ne ya cancanta. Shi ne kuma mutumin da alƙali zai yarda da maganarsa in rigima ta taso bayan shekaru. Ilminsa ya samo shi a zaure, daga Ahalari zuwa Ishmawi, zuwa Iziyya da Risala, in ya yi nisa har Askari da Muhtasar, kuma shaidarsa ita ce sunan malamin da ya yi karatu a gabansa. Limamin unguwa jama'a su ke gabatarwa, mai unguwa da dagaci su amince. Limamin Juma'a kuwa sai hakimi ya kai sunansa fada, Sarki ya naɗa masa rawani, gama salla ta Juma'a tun dā tana rataye da ikon sarauta. Amma rawanin nan na mumbari ne. Mai karatu zai ga gaskiyar haka a abin da ya faru ba da daɗewa ba: a 2019 aka ɗauke Bebeji da Kiru da Tudun Wada da Doguwa daga Masarautar Kano aka sa su ƙarƙashin Rano, a 2024 kuma aka soke wannan doka. Fadar da a ke kai sunan limami ta sāke sau biyu cikin shekara biyar, alhali kuwa ba auren da ingancinsa ya motsa saboda haka.

Zuwan Turawa bai taɓa wannan tsari ba. Rundunar Kanar Morland ta taso daga Zariya, ta fasa ƙofar Bebeji da igwa ran 1 ga Fabrairu 1903, ta ci birnin Kano ran 3 ga wata. Gwamna Lugga ya yi wa sarakuna alkawari ba zai sa hannu cikin addini ba, dokar kotunan gargajiya ta 1906 kuma ta bar aure da saki da gādo a hannun alƙalai. Wanda Gwamnati ta kula da horonsa shi ne alƙali, domin shi ma'aikacin En'e ne mai albashi. Aka buɗe makarantar shari'a ta Shahuci a 1928, sa'an nan Makarantar Shari'a ta Lardunan Arewa a Kano a 1934, wadda ta zama Makarantar Nazarin Larabci a 1947. Alƙali ya sami takardar shaida, liman bai samu ba, ba a kuwa nema daga gare shi ba. Abin da ya biyo baya yana da ban mamaki in aka duba: saki ya kan shiga littafin kotu, har a ba mace takarda, amma auren da aka kashe ɗin ba inda aka rubuta shi, sai a zukatan waɗanda suka ci goro.

Maguzawa ma auren dangi su ke yi. Iyayen yaro su nema, a kai dukiya, saurayi ya yi wa surukai noma, dattawan gidajen biyu su yarda. Ba su da wani limami na musamman domin wannan. Sarakunan Musulmi sun bar su da al'adarsu suna karɓar jiziya, Turawa kuma suka lissafa aurensu cikin auren gargajiya, wanda Doka ta yarda da shi ba tare da takarda ba.

Tunanin cewa aure ba ya inganta sai a gaban wani mutum naɗaɗɗe, daga Turai ya zo, can ɗin ma ba tun fil'azal ba. Majalisar Katolika ta Trent ce ta hukunta a 1563 cewa sai a gaban limamin coci da shaidu biyu. Ingila ta yi tata dokar a 1753, sa'an nan a 1836 ta buɗe wata ƙofa, watau aure a ofishin mai rajista ba tare da coci ba. Wannan gādo ne aka kawo Ikko cikin Dokar Aure ta 1884. Bayan an haɗa Arewa da Kudu aka yi Dokar Aure ta 1914 domin Nijeriya duka, kuma ita ce, da 'yan gyare-gyare, a ke aiki da ita har wa yau.

Ya kamata a duba yadda Dokar ta ke, gama a nan mutane su ke ruɗewa. Ba ta ba wani mutum lasin ɗaurin aure da sunansa ba. Gini ta ke ba lasin. Hukuma ita ke da ikon ba wani wurin ibada lasin ɗaura aure a cikinsa, ita ke da ikon janyewa. Mai ɗaurawa kuwa Doka ta ce ya zama ma'aikacin ibada wanda ɗarikar da ta mallaki ginin ta yarda da shi. Yadda ɗarikar za ta horar da shi ta naɗa shi, wannan ruwanta ne. Sa'an nan akwai abu na uku, wanda ya fi sauran nauyi: takardar mai rajista. Ɗaya daga cikin masu neman aure zai kai sanarwa ofis, a manna ta kwana 21, a rantse cewa ɗayansu ya zauna a gundumar kwana 15, cewa babu dangantakar da ta hana, kuma babu wanda ya ke da auren gargajiya da wani dabam. Wanda bai kai shekara 21 ba sai da yardar iyaye a rubuce. In ba wanda ya kawo ƙorafi, sai a ba da takarda, a ɗaura auren cikin wata uku, ƙofa a buɗe, tsakanin ƙarfe 8 na safe da 6 na yamma, gaban shaidu biyu ban da mai ɗaurawa. Shi kuma ya aika da kwafin takardar aure ga mai rajista cikin kwana bakwai. Auren nan na mace ɗaya ne. Wanda ya yi shi sa'an nan ya ƙara wata ta hanyar gargajiya, Doka ta tanadar masa ɗaurin shekara biyar, ko da ya ke wannan hukunci ya fi zama a takarda.

Shekaru da yawa Dokar ba ta da aiki a kudancin Kano, domin babu masu binta. Sarki Alu ya sallami ayarin Bishop Tugwell na C.M.S. daga Kano a 1900, Turawan mulki kuma suka hana 'yan mishan shiga ƙasashen sarakuna. Sai a 1933 mishan ta S.I.M. ta sami zama a Kano, a 1937 ta karɓi aikin kutare, daga nan hanyar ƙauyuka ta buɗe ta ƙofar magani. Littafi Mai Tsarki ya riga ya fito da Hausa a 1932, saboda haka masu bishara ba su bukaci tafinta ba a gidajen Maguzawa. A 1954 ikilisiyoyin S.I.M. suka haɗu suka zama E.C.W.A., naɗin fastoci ya fara komawa hannun 'yan ƙasa. Hanyar kuwa doguwa ce. Mutum ya yi makarantar Littafi Mai Tsarki, kamar ta Kagoro, ya yi aikin bishara shekaru, ikilisiya ta ba shi nata lasin, daga baya in gunduma ta gamsu da halinsa a ɗora masa hannu a keɓe shi.

A nan ne matsalar ta ke, kuma matsala ce ta ƙauye. Majami'ar da aka gina da jar ƙasa a wata unguwa ta Tudun Wada ko Doguwa, mai yiwuwa ne mai kula da ita mai bishara ne ba naɗaɗɗe ba. In an gayyato naɗaɗɗe daga gari, mai yiwuwa ne ginin ba shi da lasin. In duka biyu sun samu, ofishin mai rajista yana da nisa, manomi kuwa ba ya son tafiya biyu da kuɗin mota domin takarda. Sai a biya dukiyar aure bisa al'ada, a shiga majami'a a yi alkawari, a sa zobe, kowa ya tafi gida yana cewa an yi auren coci. A idon ikilisiya aure ne sosai. A idon Doka kuwa, in masu auren suna sane suka yarda aka yi ba takardar mai rajista, ko a ginin da ba shi da lasin, to, ba auren Doka ba ne. Auren gargajiya ne aka sa wa albarka. Bambancin ba ya fitowa sai ran wuya. Matar da ta zaci tana da kāriyar auren mace ɗaya, in miji ya yi mata kishiya, ko ya rasu 'yan'uwansa suka taso wa gona, sai ta iske Babbar Kotu, wadda dokar 1970 ta ba ikon shari'ar auren Doka, ba ta da abin da za ta kama. Laifin ba na fasto kaɗai ba ne. Dokar da aka tsara domin Ikko, inda coci da ofis su ke titi ɗaya, ita aka shimfiɗa a kan ƙasar da a ke kwana a hanya kafin a ga Di'o.

Tsarin Mulki na 1999 bai warware ƙullin ba. Ya ba Gwamnatin Tarayya ikon dokar kowane aure ban da na Musulunci da na gargajiya, don haka lasin wuraren ibada yana hannun Ma'aikatar Harkokin Cikin Gida. Amma ya kuma lissafa rajistar haihuwa da mutuwa da aure cikin ayyukan ƙananan hukumomi. Wannan ya jawo jayayya tsakanin hukumomin biyu har gaban kotu, talaka kuwa bai san takardar wanne zai riƙe ba.

Ta wajen Musulmi, takarda ta shigo ne daga baya, kuma ta wata ƙofa dabam. Tun daga kafuwar ƙungiyar Izala a Jos a 1978 masallatan Juma'a suka yawaita, ba dukansu ne limaminsu ya bi ta fada ba. Ɗaurin aure ma ya yi ta barin zaure yana komawa masallaci, inda waɗansu su kan ba da takardar shaida, musamman ga mai neman biza ko haƙƙin ma'aikaci. Hukumar Hisba, wadda aka kafa da doka a 2003, ta fara auren zawarawa a 2012, ta sa sharaɗin bincike da gwajin jini. Sa'an nan a watan Mayu 2024 Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu a dokar gwajin lafiya kafin aure, wadda ta hana ɗaura aure a Jihar Kano sai an nuna takardar asibiti ta gwajin ƙanjamau da ciwon hanta da rukunin jinin sikila, ta kuma sa tara ko ɗauri ga wanda ya saɓa. Dokar ba ta naɗa kowa ba, ba ta kuma taɓa hukuncin waliyyi da shaidu ba. Amma da ita limamin Bebeji, wanda kakanninsa ba a taɓa tambayarsu takarda ba, ya zama sai ya nemi ganin takarda kafin ya ce a yi salati goma ga Annabi.