Yawon Buɗe Ido A Gonakin Inabi: Asalinsa, Tsarinsa Da Matsayinsa A Ƙasar Hausa

Yawon gonakin inabi wani reshe ne na yawon buɗe ido, inda matafiyi ke barin birni ya nufi karkara, ɗan jagora ya zaga da shi cikin gona, ya nuna masa yadda ake dasa inabi da renonsa da tsinkarsa, a ƙarshe a ba shi ya ɗanɗani abin da gonar ta samar. A Turai da Amurka da Afirka ta Kudu, abin da aka fi ɗanɗanawa shi ne giyar da ake yi da ruwan inabin. A ƙasar Hausa addini ya haramta wannan ɓangare, doka ma ta hana shi a jihohi da dama. Sai dai ana noman inabi a arewacin Najeriya, kuma ginshiƙin wannan sana'a shi ne janyo mai saye ya zo har bakin gona, abin da ba ya buƙatar barasa.

Yadda Abin Ya Faro

Noman inabi tsoho ne ƙwarai, amma tsara gonakinsa su zama wurin ziyara bai kai shekara ɗari ba. Jamus ce ta fara ware hanya ta musamman da ke ratsa ƙauyukan manoman inabi a shekarar 1935, a lokacin da manoman ke fama da rashin kasuwa. Yankin Burgundy na Faransa ya biyo baya a 1937, yankin Alsace kuma a 1953. A Afirka ta Kudu, inda aka fara matse inabi tun 1659, manoman Stellenbosch sun buɗe tasu hanyar a 1971. Italiya ta yi dokar yawon buɗe ido a gonaki a 1985, wadda ta ba manomi damar sauke baƙi da ciyar da su, da nufin rage ƙaurar mutanen karkara zuwa birane.

Daga baya hukumomin duniya suka sa hannu. UNESCO ta saka gonakin Saint-Émilion na Faransa cikin wuraren tarihi na duniya a 1999, kwarin Douro na Portugal a 2001, sannan Champagne da Burgundy a 2015. Hukumar yawon buɗe ido ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta yi babban taronta na farko a kan wannan fanni a ƙasar Jojiya a 2016.

Yadda Ziyarar Take Gudana

Tsarin kusan iri ɗaya ne a ko'ina. Baƙo yakan kama gurbi tun kafin ya zo, ya biya kuɗin shiga. Ɗan jagora, wanda sau da yawa shi ne mai gonar ko ɗansa, sai ya bi da baƙi tsakanin layukan inabi yana bayani a kan ƙasa da ruwa da nau'in da aka dasa. Daga nan a wuce wurin sarrafawa da ajiya, a kammala da ɗanɗano da cin abinci. Wasu gonakin suna da masauki, wasu kuma kan bar baƙi su taya tsinka a lokacin girbi.

Ribar manomi ta kan zo ta hanyoyi uku. Yana sayar da kayansa hannu da hannu ba tare da kason dillali ba. Yana samun kuɗin shiga ko da a watannin da ba girbi. Sannan sunan garinsa yana zama tambari, ta yadda baƙon da ya koma gida zai ci gaba da neman kayan wannan wuri. Direba da mai abinci da mai masauki da mai sana'ar hannu duk suna cin albarkacin ziyarar.

Inabi Ba Tare Da Giya Ba

Kaso mai yawa na inabin duniya ana cinsa ne ɗanye, ko a shanya shi ya zama zabibi, ko a matse shi a sha ruwansa kafin ya canza. Lardin Manisa na Turkiyya ya yi suna a duniya da zabibi. A Turfan da ke yammacin ƙasar Sin, Kwarin Inabi wuri ne da dubban baƙi ke ziyarta domin su zauna ƙarƙashin rumfunan inabi, su ga ɗakunan tubali masu tagogi da ake shanya shi a ciki. Garin Ɗa'ifa na Saudiyya sananne ne da inabi tun kafin Musulunci, kuma littattafan Sira sun kawo cewa a wani lambun inabi na can ne Addas ya kawo wa Manzon Allah (SAW) 'ya'yan inabi bayan mutanen garin sun cutar da shi. Yau maziyarta na zuwa Ɗa'ifa domin lambunanta na furen wardi da 'ya'yan itatuwa.

A fiƙihu, noman inabi da cinsa da sayar da shi halal ne. Abin da aka haramta shi ne abin maye, kuma malamai da dama sun hana sayar da inabi ga wanda aka tabbatar giya zai yi da shi. Ta fuskar doka, Jihar Zamfara ta fara aiki da dokokin laifuka na Shari'a a 2000, Katsina da Kano suka biyo baya a wannan shekara, har jihohin suka kai goma sha biyu. Saboda haka duk wani tsari na ziyarar gona a wannan yanki zai tsaya ne a kan ɗanyen inabi da ruwansa da zabibi.

Kudan: Cibiyar Inabin Najeriya

Ƙaramar Hukumar Kudan, mai hedikwata a Hunƙuyi, a arewacin Zariya cikin Jihar Kaduna, ita ce aka fi sani da noman inabi a Najeriya. Dalilin da ya sa inabi ke yi a can yana da alaƙa da yanayi. Inabi ba ya son ruwan sama da laima a lokacin nuna, domin suna jawo masa ruɓewa da cutar ganye. Manoman ƙasashe masu zafi, irin na Nashik a Indiya, sun gano cewa idan aka datse rassa a ƙarshen damina, itacen zai yi sabon toho ya yi fure, 'ya'yan su nuna cikin rani. Busasshen hunturun arewa ya dace da wannan dabara, muddin akwai ruwan ban ruwa.

Noman yana cin jari. Ana dasa shi ne daga reshe, a kafa masa turaku da waya ya hau, a tanadi rijiya ko famfo, a kare shi daga tsuntsaye. Amma itacen yakan yi shekaru masu yawa yana ba da amfani. Babbar matsalar tana bayan girbi: inabi ba ya jure zafi, idan ba ɗakin sanyi dole manomi ya sayar a kan farashin da ɗan sari ya yanka. A lokaci guda kuma manyan kantunan Abuja da Legas suna sayar da wanda aka shigo da shi daga ƙasashe irin su Afirka ta Kudu da Masar. A nan ne ziyarar gona ke da amfani, domin mai saye ne ke tahowa, ba kayan ne ke tafiya ba. Haka kuma shanya shi mafita ce, tunda kimanin kilo huɗu na ɗanye ke ba da kilo ɗaya na zabibi mai daɗewa bai lalace ba.

Daura Da Babban Mutum

Masarautar Daura ta ƙunshi ƙananan hukumomi biyar: Daura, Baure, Zango, Sandamu da Mai'aduwa. Abin da Kudan ba ta da shi da yawa, wato baƙi, Daura tana da shi. Mutane na zuwa ganin Rijiyar Kusugu da labarin Bayajidda da Daurama ya shahara da ita, da fadar Sarki, da hawan Sallah da Sallar Gani. Tun da aka binne tsohon Shugaban Ƙasa Muhammadu Buhari a garin a watan Yulin 2025, an ƙara samun wani dalilin ziyara. Amma yawancin baƙi kan iso da safe su juya da yamma, kuɗinsu bai wuce cikin gari ba.

Babban Mutum, a Ƙaramar Hukumar Baure, gari ne na kan iyaka a hanyar Magarya ta Jamhuriyar Nijar. Ƙasar yankin jigawa ce ta gero da dawa da wake da gyaɗa da riɗi, ruwan sama kaɗan ne, rani kuma dogo. Wannan bushewa ta dace da inabi, amma sai da tabbataccen ruwa. Madatsun Sabke da Daberam na yankin Daura da fadamu su ne wuraren da ya fi dacewa a fara gwaji. Ko kafin inabi, lambunan rani da garken shanu da kasuwannin ƙauye da majemar fata sun isa a haɗa su cikin zagaye guda da zai sa baƙon Kusugu ya kwana.

Sharuɗɗan Da Ba Makawa

Na farko shi ne tsaro. Garin Timiya da ke tsaunukan Ayar a Jihar Agadas ya taɓa zama zangon 'yan yawon buɗe ido saboda lambunansa na lemu da rumman. Tawayen da ya ɓarke a 2007, da sace-sacen baƙi da suka biyo baya, sun durƙusar da harkar. Lambunan suna nan, baƙi ne suka ɗauke ƙafa.

Na biyu shi ne dawwamar manufa. An rufe iyakokin Najeriya na ƙasa daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020, aka sake rufe ta Nijar daga Agustan 2023 zuwa Maris na 2024 bayan juyin mulkin Yamai. Garin da ke rayuwa da zirga-zirga irin Babban Mutum shi ne ke fara jin raɗaɗin irin wannan mataki.

Na uku shi ne ilimi da kayan aiki. Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru a Jami'ar Ahmadu Bello, da Cibiyar Binciken Lambu ta Ƙasa mai reshe a Bagauda, suna kusa da manoman yankin. Ana buƙatar su tantance nau'in da ya dace da kowace ƙasa, gwamnatoci kuma su samar da hanya da wuta da ɗakin sanyi.

Na huɗu shi ne mallaka. A Afirka ta Kudu, duk da kuɗin da wannan sana'a ke kawowa, har yau ana ce-ce-ku-ce a kan albashin ma'aikatan gona da rinjayen fararen fata a mallakar filaye. Idan ba ƙungiyoyin manoma ne suka riƙe ragamar tsarin ba, ƙaramin manomi zai iya komawa ɗan ƙwadago a gonar da ya gada. Duk lokacin da wata gwamnati ta sanar da shirin bunƙasa inabi ko yawon gona, ya kamata a tambaye ta nawa aka ware a kasafi, a ina ruwan zai fito, kuma da sunan wa aka rubuta takardar filin.