Umaru Ganda: Daga Dako a Abijan zuwa Shirya Fim a Yamai

Idan aka tashi ba da tarihin fim a ƙasashen da Hausawa su ke zaune, yawancinmu mu kan fara daga majigin da Gwamnatin Jihar Arewa ta ke yawo da shi ƙauye ƙauye, mu ambaci Baban Larai, mu zo kan Shaihu Umar na Adamu Halilu na 1976, sa'an nan mu faɗa cikin finafinan bidiyo na Kano waɗanda su ka soma daga 1990. Wannan lissafi bai cika ba. A ƙetaren iyaka, cikin Jamhuriyar Nijar, an yi waɗansu mutane da su ka riga mu kama wannan sana'a da hannunsu, kuma babbansu wajen suna shi ne Umaru Ganda, wanda Faransawa su ke rubuta sunansa Oumarou Ganda. Shi dai Bazabarme ne, da Zabarmanci kuma ya yi yawancin aikinsa. Amma duk mai nazarin Hausa da ya ga finafinansa zai gane mutanen ciki nan take: alhaji, da malami, da maroƙi, da kishiya, da ɗan ci-rani.

An haife shi a Yamai cikin 1935. Ya yi makarantar firamare a nan, yana ɗan shekara goma sha shida ya shiga sojan Faransa, cikin 1951. Aka kai shi yaƙin Indocin, watau ƙasar Biyetnam ta yau da maƙwabtanta, inda Faransa ta sha kashi a Dien Bien Phu cikin 1954. Da aka sallame shi cikin 1955 ya komo gida, ya nemi aiki bai samu ba, sai ya bi hanyar da dubban samarin Nijar su ke bi a zamanin, ya gangara bakin teku. Ya sauka Abijan, ya zama lebura a tashar jiragen ruwa, yana kwana a unguwar Treichville, inda baƙi su ke taruwa.

A can ya gamu da Jean Rouch. Wannan Bafaranshe injiniyan hanya ne tun asali, ya fara zuwa Nijar cikin 1941, daga baya ya koma nazarin al'adun mutanen bakin Kwara yana ɗaukarsu a fim. Lokacin da su ka haɗu yana binciken 'yan ci-rani, sai ya ɗauki Ganda cikin masu taya shi tambaya da ƙidaya. Daga wannan aiki ne fim ɗin nan Moi, un Noir ya fito cikin 1958, ma'anar sunan kuwa "Ni, baƙin mutum". Ganda ne babban ɗan wasan.

Ya kamata a tsaya a kan yadda aka yi wannan fim, gama a nan ne tushen abin da ya biyo baya. Na'urar da Rouch ya ke riƙe da ita ƙarama ce, mai ɗaukar fim na milimita 16, wadda a ke ɗaure wa zare kamar agogo, ba ta kuwa ɗaukar murya tare da hoto. Sabo da haka aka ɗauki hotunan tukuna: samari suna neman aikin yini, suna dako, suna rawa ran Asabar da dare, suna wanka a teku. Bayan an harhaɗa, aka zaunar da Ganda gaban hoton, aka ce ya faɗi abin da ya zo bakinsa. Abin da ya faɗa shi ne ran fim ɗin. Ya laƙaba wa kansa sunan Edward G. Robinson, wani ɗan wasan Amurka, abokinsa kuma ya zama Eddie Constantine, domin sunayen da su ke gani a gidan silima ke nan. Yana magana yana zagi, yana dariya, yana mafarkin ya zama zakaran dambe na duniya, yana ƙorafin talauci. Wajen ƙarshe a ka gan shi yana tafe a bakin ruwa tare da wani yaro, yana ba shi labarin yaƙin Indocin, yana faɗuwa ƙasa yana kwatanta yadda a ke jefa gurneti. Fim ɗin ya ci kyautar Louis Delluc ta 1958, samarin masu shirya fim na Faris irin su Jean-Luc Godard su ka yi ta yabonsa.

To, fim ɗin na wane ne? A rubuce dai na Rouch ne, shi ya karɓi kyautar. Amma kalmomin na Ganda ne, rayuwar ma tasa ce. Daga baya shi da kansa ya nuna cewa yana ganin da hannunsa cikin shirya shi, kuma da shi ke da iko da ba haka zai nuna waɗansu abubuwa ba. Usman Sembene na Senegal ya taɓa faɗa wa Rouch ido da ido, cikin 1965, cewa masu irin aikinsa suna duban mutanen Afirka kamar yadda a ke duban ƙwari. Ni a ganina wannan hukunci ya yi wa Moi, un Noir tsanani, domin ƙwaro ba ya mayar da magana, Ganda kuwa ya mayar, har muryarsa ta rufe ta maigidan nasa. Duk da haka wanda ya riƙe almakashi shi ne da ta cewa ta ƙarshe, almakashi kuwa yana Faris.

Daga baya Ganda ya komo Yamai. Ya shiga ƙungiyar masu sha'awar silima da ke Cibiyar Al'adu ta Faransa da Nijar, inda a ke koyar da riƙon na'ura da haɗa sauti, ya yi aiki a matsayin mataimaki cikin finafinan wayar da kai. Ba shi kaɗai ba ne. Mustafa Alasan ya riga ya yi Aouré cikin 1962, wanda sunansa kalmarmu ce ta "aure", ya kuma yi Le Retour d'un aventurier cikin 1966, labarin samarin ƙauye da su ka sa tufafin kaboyi su ka addabi mutane. A wannan fim ne Zalika Sule ta fara fitowa, ita ce kuwa ta zama 'yar wasan Ganda daga baya.

Cikin 1968 aka yi gasar rubuta labarin fim, ya rubuta Cabascabo. Fim ne baƙi da fari, na minti 45, da Zabarmanci, shi ya shirya shi, shi ya fito a matsayin Kabaskabo. Labarin na wani ɗan mazan jiya ne da ya komo daga Indocin da kuɗin sallama a aljihu. Abokai su ka yanyame shi, maroƙa su ka wasa shi, mata su ka kewaye shi, har kuɗi su ka ƙare, kowa ya watse. Ya nemi aiki, girman tsohon soja ya zame masa kaya, daga ƙarshe ya juya wa gari baya ya nufi gona. Duk wanda ya ga fim ɗin Rouch zai gane cewa labarin nan na bakin ruwa ne Ganda ya sake ɗaukowa, amma wannan karon shi ya zaɓi inda zai fara da inda zai tsaya. Babu Bature mai bayani daga sama, babu sunan aro na Amurka. An nuna shi a makon masu sharhi na bikin Cannes cikin 1969, ya kuma sami yabo a bikin Mosko a wannan shekara.

Na biyu shi ne Le Wazzou polygame, na 1970. Kalmar "wazzou" ita ce wa'azi, mu da Zabarmawa duk daga Larabci mu ka samo ta. Wani mutum ya dawo daga Makka ya zama alhaji, ya sa ido kan Satu, yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi, Garba, alkawarinta. Dukiya da rawani su ka rinjayi iyaye, aka ɗaura aure, ta zama ta uku. Matarsa ta biyu, wadda Zalika Sule ta fito a matsayinta, ta ƙi yarda, ta shirya kashe amarya daren biki, amma aka yi kuskure aka kashe wata daga cikin ƙawayenta. Masu sharhi na Turai sun ɗauki fim ɗin a kan sukar auren mace fiye da ɗaya ne kawai. Mai kallo na ƙasarmu zai ga abin da ya fi wannan: mutumin da ke yi wa jama'a wa'azi da baki, yana kuwa sayen alkawarin wani da kuɗi. A bikin FESPACO na Wagadugu, cikin 1972, shekarar da aka fara ba da babbar kyautar Dokin Yennenga, wannan fim ne ya ɗauke ta.

Saïtane, watau Shaiɗan, ya biyo baya ba da daɗewa ba. Shi kuma a kan wani malamin duba ne da ya zama kawali tsakanin matar aure da wani attajiri. Ba ƙaramar kasada ba ce a nuna irin wannan a garin Musulmi a wancan zamani, kuma Zalika Sule ta sha tsangwama a titi sabo da mutane ba su rarrabe ta da miyagun matan da ta ke kwaikwayo.

A nan sai mu duba abin da a ke nufi idan an ce fim "mai zaman kansa". A Amurka ma'anarsa fim ɗin da aka yi ba da kuɗin manyan kamfanonin Hollywood ba. A Yamai babu wani kamfani da za a guje wa, abin da babu shi ne ya yi yawa. Babu wurin wanke fim, sai an aika Faransa. Ma'aikatar Haɗin Kai ta Faransa ta buɗe ofishin silima cikin 1963 a ƙarƙashin Jean-René Debrix, can a ke zuwa a yanka a haɗa, ita kuma ta kan sayi ikon nuna fim ɗin a cibiyoyinta da makarantu, ba a gidajen da a ke biyan kuɗi ba. Gidajen silima kuwa na ƙasashen da Faransa ta mallaka suna hannun kamfanoni biyu, COMACICO da SECMA, waɗanda su ka fi samun riba da finafinan Indiya da na kaboyi. Ta haka mai shirya fim ya kan ci kyauta a Mosko, 'yan unguwarsu ba su ga abin da ya yi ba. Wannan ne babban bambancinsu da 'yan Kano na bayan 1990. Su 'yan Kano ba su sami kyautar kowa ba da farko, amma kaset ɗinsu yana kasuwa, kuɗin mai saye ne ke biyan fim na gaba. Ganda yana da ikon faɗin abin da ya ga dama, sai dai tsakanin fim da fim ya kan yi shekaru yana jiran kuɗi.

Bai bar wasa a finafinan waɗansu ba. Ya fito a Babatu na Rouch cikin 1976, labarin da Bubu Hama ya bayar na mayaƙin nan Bazabarme da ya ci ƙasar Gurunsi a ƙarshen ƙarni na 19. Masu nazarin ajami sun san Babatu ta wata hanya, gama Malam Abu ya rubuta labarin yaƙe-yaƙensa da Hausa, Stanisław Piłaszewicz kuma ya buga shi a Warso cikin 1992.

Fim ɗinsa na ƙarshe, L'Exilé, ya fito cikin 1980, shi ne kuma mafi tsawo. Daga tatsuniya ya ɗauko shi. Wani sarki ya ji 'yan'uwa biyu suna cewa sun yarda a fille musu kai in dai za su auri 'ya'yansa mata. Ya aurar musu, da wa'adi ya cika ya nemi cikon magana. Ɗaya ya miƙa wuya, ɗaya ya gudu da matarsa, ya yi ta yawo har shi ma ya zama sarki a wata ƙasa, can kuma alkawari ya sake riskarsa. An sa labarin a bakin wani jakada da ke gudun hijira a Turai, sabo da haka ba wuya mai kallo na 1980, shekara shida bayan soja sun karɓi mulki a Nijar, ya gane cewa maganar masu mulki da alkawaransu a ke yi.

Ya rasu a Yamai ran 1 ga Janairu 1981, da ciwon zuciya, yana da shekara 45. Aka sa sunansa ga babbar cibiyar al'adu ta Yamai, FESPACO kuma ta sa sunansa ga kyautar da ta ke ba wanda ya fi a cikin masu fim ɗin farko. Bayan rasuwarsa aikin fim ya ja baya ƙwarai a Nijar. Cikin 2004 Rahmatu Keita ta fitar da Al'lèèssi, inda ta nuna Zalika Sule tana zaune a wani ɗan gida a Yamai ba ruwa ba lantarki, tana ba da labarin waɗancan shekaru. Zalika ta rasu cikin 2021.