Ciwon Barci: Fim Ɗin Bajamushe, Tarihin Kamaru

A watan Fabrairu na 2011, a bikin fina-finai na birnin Balin, aka ba Ulrich Köhler kyautar gwarzon darakta saboda wani fim da ya ɗauka a nan Kamaru. Sunan fim ɗin Schlafkrankheit, wato ciwon barci. A lokacin manyan gidajen silimarmu uku da suka rage, Abbia ta Yawunde da Wouri ta Duwala da Empire ta Bafusam, duk sun rufe tun farkon 2009. Duniya ta kalli ƙasarmu a majigi, mu kuwa ba mu da zauren da za mu shiga mu kalla.

An haifi Köhler a garin Marburg na Jamus a 1969. Yana yaro iyayensa suka tafi da shi Zayar, Kwango ta yanzu, inda suka yi aikin agaji na wasu shekaru. Shi yake rubuta labaran fina-finansa, kuma kusan kowanne na mutum ne da zama ya gagare shi a inda aka ajiye shi. A Bungalow na 2002, saurayi ne ya gudu daga aikin soja ya laɓe a gidan iyayensa. A fim ɗinsa na 2006, wata likita ce ta fice ta bar miji da 'ya ana tsakiyar gyaran gida. A na 2018 kuwa, mutum ne ya farka ya tarar babu kowa a duniya sai shi.

A fim ɗin Kamaru, Ebbo Velten likita ne Bature mai kula da shirin yaƙi da ciwon barci. Matarsa ta koma Jamus, shi ya kasa binta. Bayan shekara uku, Hukumar Lafiya ta Duniya ta turo Alex Nzila, likita ɗan Faransa mai asalin Kwango, ya duba aikin. Ya tarar kuɗi na shigowa, majinyata kuwa sai an nema. Ga Bature da ya saba da ƙasar har ya manta hanyar gida, ga baƙar fata da ƙasar ta zame masa baƙuwa. Tambayar da fim ɗin ya bar mu da ita mai nauyi ce: idan cuta ta zama hanyar cin abincin masu maganinta, wa zai fito ya ce ta ƙare?

Abin da fim ɗin bai tsaya a kansa ba shi ne tarihin cutar a ƙasar nan, kuma shi ya fi damuna. Jamus ta mallaki Kamaru daga 1884 zuwa 1916. A zamaninta aka kafa sansanin da ya zama Yawunde, kuma unguwarmu ta Briqueterie ta samo sunanta ne daga wurin gasa bulo. Cutar da ƙudan tsando ke yaɗawa, 'yar'uwar sammoren da makiyaya suka sani a jikin shanu, ta yi ɓarna a yankin kogin Nyong, har Jamusawa suka buɗe sansanin majinyata a Ayos. Da Faransa ta karɓi ƙasar, likita Eugène Jamot ya sauka a Ayos a 1922, a 1926 kuma aka damƙa masa shiri na musamman. Ma'aikatansa suna bin ƙauye-ƙauye, a tara jama'a ko suna so ko ba sa so, a lalubi kaluluwar wuya, a yi allura. Cutar ta ja baya ƙwarai. Amma a yankin Bafiya an zarce ƙima wajen ba da magani, ɗaruruwan mutane suka makance, abin da ya jawo aka sauke Jamot a 1931. Yau akwai asibiti da sunansa a Yawunde. Makafin Bafiya kuwa, wace unguwa ce ke ɗauke da sunan ko mutum ɗaya daga cikinsu?

Ba na ganin laifin Köhler da ya tsaya kan Turawa. Abin da ya sani ya faɗa, bai kuma wanke 'yan'uwansa ba. Sai dai 'yan Kamaru a fim ɗin mafi yawa direbobi ne da masu gadi da 'yan sandan kan hanya da dangin mata. Labarin ma'aikacin jinyar da ya riƙe allura, da na manomin da aka tsayar a layi, har yanzu yana jiran mai ba da shi.

Mu 'yan Briqueterie jikokin fatake ne da suka zo da niyyar komawa, kasuwa da aure suka zaunar da su. Tsofaffin da suka ji wannan daga bakin iyayensu suna nan a zaurukanmu, kullum kuma raguwa suke yi. Duk mai waya a aljihu yana da abin naɗar murya. Ya je ya gaishe su, ya zauna, ya tambaya.