Tarihin Filin Holman: Ƙaramin Filin Besbol Da Ya Buɗe Ƙofa Ga Baƙar Fata A Amurka

Da yawa daga cikinmu, idan aka ce ƙwallo, ta ƙafa kawai muka sani. Amma a Amurka akwai wasan besbol, wanda mutum ɗaya ke jefa ƙaramar ƙwallo, wani ya buge ta da sanda ya ruga ya zagaya tashoshi huɗu. Ƙungiyoyinsa hawa-hawa ne: manya suna manyan birane, kowace kuma tana da ƙananan ƙungiyoyi a ƙananan garuruwa inda take renon matasa. Yau filin irin waɗannan ƙananan ƙungiyoyi na ɗauko, wato filin Holman da ke Nashua, saboda abin da ya faru a cikinsa ya fi ƙarfin girmansa.

Asalin filin

Nashua gari ne a jihar New Hampshire, daf da iyakar Massachusetts, arewa da birnin Boston. Masaƙu ne suka raya shi. An buɗe filin a 1937 a kan titin Amherst, aka sa masa sunan Charles Frank Holman, wanda kuɗinsa, dala 55,000, suka taimaka wajen ginin. Tun farko mallakar hukumar gari ne, har makarantun sakandare suna wasanninsu a ciki.

Shekarar 1946

A wancan zamani, ba a ɗaukar baƙar fata a manyan ƙungiyoyi ko ƙanananansu, sai dai su yi tasu gasar daban. Shugaban Brooklyn Dodgers, Branch Rickey, ya ƙudura aniyar karya wannan al'ada. Ya tura Jackie Robinson ƙungiyar Montreal da ke Kanada. Saura biyu: Roy Campanella, mai tare ƙwallo a bayan mai bugu, da Don Newcombe, mai jifa. An nemi kai su Danville a jihar Illinois, aka ce a'a. Nan ne Buzzie Bavasi, manajan sabuwar ƙungiyar Nashua Dodgers, ya ce a kawo su.

Ku lura, Montreal ba Amurka ba ce. Saboda haka Nashua Dodgers ce ake lissafawa a matsayin ƙungiya ta farko a cikin Amurka, a ƙarni na 20, da ta haɗa fari da baƙi ƙarƙashin tsarin manyan ƙungiyoyi. Garin kuwa a lokacin mutum dubu talatin da 'yan kai ne, baƙar fata a cikinsu ƙalilan ne ƙwarai. Duk wanda ya taɓa zama baƙo a garin wasu ya san abin da wannan ke nufi.

Mutanen biyu ba su ba da kunya ba. Newcombe ya ci wasa 14, an cinye shi 4. Campanella ya zama gwarzon gasar New England, ƙungiyar kuma ta ɗauki kofi. Wani mai kiwon kaji ya yi alƙawarin 'yan tsaki 100 ga duk wanda ya buga ƙwallo ta tsallake katanga. Campanella ya yi ta tara su yana aika wa mahaifinsa a Philadelphia. Sannan wata rana alƙalin wasa ya kori koci Walter Alston, sai ragamar ta koma hannun Campanella. Ya sako Newcombe ya yi bugu, ƙwallo ta tsallake katanga, suka ci wasan. Baƙar fata yana ba fararen fata umarni a fili a 1946, ai ba ƙaramin abu ba ne.

Campanella ya koma Brooklyn a 1948, ya zama gwarzon babbar gasa sau uku: 1951, 1953 da 1955. Newcombe ya bi shi a 1949, a 1956 kuma ya zama na farko da ya karɓi kyautar Cy Young ta masu jifa.

Bayan tafiyar Dodgers

Daɗin bai daɗe ba. A 1948 kamfanin Textron ya sanar da rufe babbar masaƙar garin, aljihun jama'a ya yi sanyi, gasar New England kuma ta ruguje bayan kakar 1949. Sai a 1983 wasan ƙwararru ya dawo da Nashua Angels, Nashua Pirates ta biyo baya daga 1984 zuwa 1986. Nashua Pride ta zauna daga 1998 zuwa 2008. Wadda ta gaje ta a 2009 ta kasa biyan haya, hukumar gari ta rufe ƙofa, har ta ajiye tarakta a daidai wurin da mai bugu ke tsayawa.

Tun 2011 ƙungiyar ɗaliban jami'a, Nashua Silver Knights, ke amfani da filin a lokacin zafi. Ƙungiyoyi sun zo sun tafi, amma garin bai rushe filinsa ba. Wanda ya shiga yau zai ga lambobi uku a jikin katanga: 36 ta Newcombe, 39 ta Campanella, da 42 ta Robinson.